Yadda Ake Sabunta Manhajar Cikin Risibar Tauraron Ɗan'adam Ba Tare da An Kashe Ta Ba

Duk wata risibar tauraron ɗan'adam, wadda wasu ke kira dikoda, ƙaramar kwamfuta ce da aka ƙera domin aiki guda. A cikinta akwai furosesa, wato ƙwaƙwalwar na'urar, akwai sashen da ke karɓar sigina daga dish, sannan akwai wata 'yar ƙwayar ma'adana da ke manne a jikin bod (allon da kayan ciki ke zaune a kansa), wadda ba ta mantuwa ko da an zare wuta. A cikin wannan ƙwaya ake ajiye manhajar da ke tafiyar da na'urar baki ɗaya. Masu gyara "sofwaya" suke ce mata, a takardun kamfanoni kuma "firmware" ake rubutawa. Ita ce ke zana menu a kan allo, ita ke fahimtar abin da rimot ya faɗa, ita ke tura wuta zuwa LNB, wato 'yar na'urar da ke gaban dish tana tattara sigina, kuma ita ke umartar furosesa ya mayar da sigina ya zama hoto da murya.

Manhajar ba dunƙule ɗaya ba ce, kuma sanin sassanta shi zai sa mutum ya gane inda haɗari yake. Sashe na farko shi ne ɗan ƙaramin shirin da ke fara tashi da zarar an kunna wuta, wanda ake kira butloda. Aikinsa shi ne ya farkar da kayan ciki, ya duba ko akwai sabon fayil da ke jira, sannan ya miƙa ragama ga babbar manhaja. Sashe na biyu shi ne babbar manhajar kanta. Na uku shi ne ma'ajiyar bayanai, inda jerin taurari da firikwensi da tashoshi da saitin mai na'ura suke. Idan sashe na uku ya lalace, sake neman tashoshi kawai za a yi. Idan na biyu ya lalace, butloda na iya ceto shi. Amma idan butloda ne ya lalace, to risiba ta zama kurma kuma bebiya, ba ta jin filash, ba ta jin kwamfuta, sai an buɗe ta an taɓa ƙwayar kai tsaye.

Shin sabuntawar ma ta zama dole?

Wannan ce tambayar da ya kamata a fara amsawa, kuma ra'ayina shi ne risibar da ke aiki lafiya a bar ta ta sarara. Akwai dai dalilai na gaske da ke sa a sabunta: na'ura tana sandarewa ko tana sake tashi da kanta, murya tana rigan hoto ko tana binsa a baya, agogo da jadawalin shirye-shirye suna kuskure, rikodin a kan filash yana yankewa, ko kuma kamfani ya fito da gyaran wata matsala da kai ma kake fama da ita. Ga risiba mai haɗuwa da intanet, akwai ƙarin dalili na tsaro, domin duk abin da ke kan intanet yana buƙatar a riƙa toshe masa ɓaraka.

Akwai kuma abin da sabuntawa ba za ta taɓa yi ba. Tsarin watsa shirye-shirye na DVB-S ya fito ne a tsakiyar shekarun 1990, DVB-S2 ya biyo baya a 2005, sai DVB-S2X a 2014. Haka nan salon matse hoto ya tashi daga MPEG-2 zuwa H.264, sannan zuwa H.265 wanda aka amince da shi a 2013. Karanta waɗannan tsare-tsare aiki ne na ƙwayoyin da aka ƙera a jikin bod, ba na manhaja ba. Saboda haka risibar da furosesanta bai san H.265 ba, ko sau goma aka yi mata sabuwar sofwaya, murya kawai za ta riƙa bayarwa a irin waɗannan tashoshi, allo kuma ya tsaya baƙi. Haka kuma idan tasha ta ɓace, sau da yawa ƙaura ta yi zuwa wani firikwensi, kuma maganin hakan shi ne a shigar da sabbin lambobi a sake nema. Idan kuwa ingancin sigina ne ya faɗi, a duba dish da kebul da LNB tukuna, kada a ɗora wa karan tsana laifin da ba nasa ba.

Mataki na farko: ka san ainihin risibar da ke gabanka

A nan mafi yawan ɓarna ke farawa, don haka a nan zan fi daɗewa. Sunan da aka rubuta a goshin risiba bai isa shaida ba. Kamfani ɗaya yana iya fitar da samfuri ɗaya a shekaru daban-daban, suna ɗaya, kwali ɗaya, amma a ciki an canza furosesa, ko an canza sashen karɓar sigina, ko an ƙara girman ma'adana. Ga kuma na jabu, waɗanda ke ɗauke da suna da tambarin wani sanannen samfuri alhali cikinsu wani abu ne dabam. Fayil ɗin da ya dace da ɗaya yana iya kashe ɗayan nan take.

Ka shiga menu, ka nemi shafin bayanin na'ura, wanda galibi yake ƙarƙashin sashen saiti ko na kayan aiki. A can za ka ga sunan samfuri, lambar sigar bod, lambar sigar manhaja, ranar da aka haɗa ta, wani lokaci har da sigar butloda da sunan furosesa. Ka ɗauki hoton wannan shafi da wayarka, kada ka dogara da ƙwaƙwalwa, domin bambancin na iya zama harafi ɗaya tak a ƙarshen doguwar lamba. Daga nan ka juya risibar ka karanta takardar da ke manne a ƙarƙashinta, ka gwada abin da ke rubuce da abin da menu ya nuna.

Idan har yanzu akwai shakka, kuma wa'adin garanti ya wuce, ana iya zare wuta gaba ɗaya a buɗe murfi. Ƙwaya mafi girma a tsakiyar bod ita ce furosesa, ko da yake wani lokaci ƙarfen sanyaya yana rufe rubutunta. Ƙananan risibobi sun fi zuwa da furosesa na kamfanonin ALi, Sunplus, Montage ko NationalChip mai yin GX6605S, manya kuma sukan zo da na Broadcom, HiSilicon ko Amlogic. Kusa da shi za ka ga wata 'yar ƙwaya mai ƙafa takwas, ita ce ma'adanar. Lambar da ke bayanta tana faɗin girmanta: 25Q32 na nufin megabit 32, wato megabait 4, 25Q64 megabait 8 ne, 25Q128 kuma megabait 16. Wannan lissafi zai yi maka amfani nan gaba kaɗan. A kiyaye, risibar da wayar wuta ke shiga cikinta kai tsaye tana da sashen wuta a ciki, kuma manyan kafasitocinsa suna riƙe caji ko bayan an zare filogi, don haka kada a kai hannu wajen.

Mataki na biyu: samo fayil daga inda ya dace

Wuri mafi aminci shi ne shafin intanet na kamfanin da ya ƙera risibar ko na wakilinsa. Ka nemi samfurinka, ka tabbatar lambar bod ta yi daidai, sannan ka karanta bayanin da ke tare da fayil ɗin. Wannan ɗan bayani da mutane ke tsallakewa shi ke faɗin abin da aka gyara, da kuma ko sai an fara ɗora wata tsohuwar siga kafin a kai ga sabuwa. Wasu sigogin ma suna rufe ƙofar komawa baya, wato da zarar ka hau ba sauka.

Fayil yakan zo a matse cikin zip ko rar, kuma dole a warware shi kafin a kai wa risiba. Abin da zai fito galibi fayil ne mai ƙarewa da .bin, ko .abs a risibobi masu furosesan ALi. Ka duba girmansa. Cikakken fayil na ma'adana mai megabait 4 yana da bait 4,194,304, na megabait 8 kuma 8,388,608. Idan ma'adanarka ta megabait 4 ce aka ba ka fayil mai megabait 8, ba sai an faɗa maka ba nata ba ne. Idan kuma kamfanin ya wallafa lambar tantancewa irin ta MD5 ko SHA-256, ka lissafa ta fayil ɗin da ka sauke ka gwada, domin intanet na iya yankewa a tsakiya ya bar maka gurgun fayil mai suna daidai.

Akwai manhajojin da wasu ke yi wa kwaskwarima suna yaɗawa da alƙawarin buɗe tashoshin biya kyauta. Ban da cewa hakan ya saɓa wa doka a ƙasashe da dama kuma yana soke garanti, ba wanda ya san abin da aka cusa a cikinsu, ba kuma wanda za ka kama idan sun kashe maka na'ura. Risibar da ke haɗe da intanet ɗin gida, idan aka ɗora mata irin wannan, tamkar an ba baƙon da ba a sani ba makullin ɗaki ne.

Mataki na uku: ajiye kwafi kafin ka taɓa komai

Yawancin risibobi masu ramin USB suna da zaɓin kwafe abin da ke cikin ma'adana zuwa filash. A menu za ka gan shi da sunan "Dump" ko "Backup", sau da yawa a shafi ɗaya da na sabuntawa. Idan ya ba ka zaɓi, ka yi kwafi biyu: ɗaya na dukan manhaja, ɗaya na jerin tashoshi kaɗai. Ka kai su kwamfuta, ka sa musu suna mai ɗauke da samfuri da lambar siga da kwanan wata, ka adana a wuri biyu. Wannan cikakken kwafi ya fi duk wani fayil da za ka samu a intanet daraja, domin shi ne kaɗai kake da tabbacin ya taɓa aiki a kan wannan bod ɗin naka.

Bayan haka ka ɗauki hoton shafin saitin eriya na kowane tauraro. Abubuwan da ake buƙata su ne nau'in LNB da lambarsa, wato 9750 da 10600 ga LNB na gama-gari na zangon Ku, ko 5150 ga mafi yawan na zangon C. Sai matsayin sautin 22kHz, a kunne yake ko a kashe. Da lambar ƙofar DiSEqC da kowane tauraro yake kai, wato ƙofar suwic ɗin da ke haɗa LNB da yawa zuwa risiba ɗaya. DiSEqC 1.0 yana ɗaukar ƙofa huɗu, 1.1 yana kaiwa goma sha shida, 1.2 kuma na dish mai mota ne. Wanda ke da LNB huɗu a kan suwic ɗaya, ya manta wanne ke ƙofa ta ɗaya wanne ke ta uku, zai ɓata yini guda yana canke. Mai dish mai mota da ke amfani da USALS, wato tsarin da ke juya dish da kansa bisa wurin da aka kafa shi, ya rubuta lambobin latitud da longitud da aka shigar.

Mataki na huɗu: shirya filash da wuta

Ka sami ƙaramin filash mai kyau, na gigabait 4 ko 8 ko 16, ka kwashe abin da ke cikinsa, ka yi masa fomat a tsarin FAT32. Manyan filash sukan zo a tsarin exFAT, kuma butloda na risibobi da yawa bai iya karanta shi ba, haka ma NTFS, ko da babbar manhajar tana kunna bidiyo daga cikinsu. Ka ajiye fayil ɗin a fili, ba cikin wata folda ba, kuma shi kaɗai, don kada hannu ya zame ka zaɓi wani. Kada ka canza masa suna sai in umarnin kamfani ya ce a yi. Ka cire filash daga kwamfuta ta hanyar da ta dace, ba fizgewa ba.

Sai batun wuta, wanda shi ne rabin aikin. Yayin sabuntawa, risiba tana goge ma'adana ne sashe-sashe tana rubuta sabo. Akwai 'yan daƙiƙoƙi da tsohuwar manhaja ta tafi, sabuwa kuma ba ta gama zama ba, kuma idan wuta ta ɗauke a wannan tsakani, an yi biyu babu. Don haka a jona risiba a UPS ko inbata mai cikakken caji idan akwai. Kada a yi aikin ana hadari ko tsawa, kada a yi shi a soket mai sako-sako wanda ke tartsatsi in an taɓa waya, kuma a nisantar da yara da duk mai iya tuntuɓe da kebul. A cire eriyar Wi-Fi ta USB da duk wata ma'adana da ke jone, a bar filash ɗin sabuntawa kaɗai.

Mataki na biyar: ɗora manhajar

Ka kunna risiba, ka sa filash, ka jira ta sanar cewa ta gan shi. Ka shiga menu, ka je sashen sabuntawa ta USB. Idan ta nemi lambar sirri kuma ba ka taɓa canzawa ba, 0000 ce a risibobi da yawa, in ba haka ba a duba littafin da ya zo da ita.

A nan za ka tarar da zaɓin irin sabuntawar da kake so, kuma sunayen sun bambanta daga kamfani zuwa kamfani. Wanda aka rubuta "All Code" yana sauya babbar manhaja tare da bayanai, don haka jerin tashoshinka zai tafi. Wanda aka rubuta "Main Code" ko "Software" yana sauya manhajar kaɗai ya bar tashoshi. "User DB" na jerin tashoshi ne kawai, da shi ake mayar da kwafin da aka ajiye. Akwai kuma wanda ke haɗawa da butloda, kuma wannan kada ka zaɓe shi sai kamfani ya faɗa ƙarara cewa sigar tana buƙatarsa. Idan bayanin fayil bai ce komai ba, kuma tsallen daga tsohuwar siga zuwa sabuwa mai nisa ne, na fi son a sauya manhaja da bayanai gaba ɗaya, domin tsohon tsarin bayanai a ƙarƙashin sabuwar manhaja yakan haifar da sandarewa da ba a gane kanta.

Ka zaɓi fayil, ka sake karanta sunansa, sannan ka danna fara. Daga nan ka ajiye rimot. Za ka ga layi yana cika a allo, ko lambobi suna hawa a goshin risiba. Yakan yi sauri da farko lokacin da take karanta fayil, sai ya tsaya cak na ɗan lokaci yayin gogewa, kuma a daidai nan ne zuciya ke raya wa mutum cewa ta maƙale, ya kai hannu ga soket. Kada ka yi. A ƙananan risibobi aikin minti ɗaya zuwa uku ne, a manya yana iya fin haka. Ko ta kai ɗari bisa ɗari, ka jira ta sake tashi da kanta, kuma tashin farko yakan fi na kullum daɗewa. Sai hoto ko menu ya bayyana sannan ka zare filash.

Idan ta ƙi karɓar fayil ta nuna saƙon cewa bai dace ba, wannan ba matsala ba ce, kariya ce. Manhajar ta gwada lambar shaidar da ke cikin fayil da tata ta ga sun saɓa. Akwai masu koyar da dabarar canza wannan lamba don a tilasta mata, kuma hakan daidai yake da cire fis saboda yana yawan ƙonewa.

Bayan ta tashi

Ka koma shafin bayani ka tabbatar lambar siga da kwanan wata sun canza. Sannan ka mayar da ita saitin masana'anta, domin a share ragowar tsohon saiti. Ka shigar da saitin eriya daga hotunan da ka ɗauka, ka duba ma'aunin sigina. Layin ƙarfi yana nuna cewa risiba tana jin LNB ne kawai, layin inganci shi ke nuna an kama tauraro. Daga nan ko dai ka mayar da jerin tashoshinka, ko ka yi sabon nema. Neman da ake kira "Blind Scan" ya fi daɗewa, amma yana bin zangon gaba ɗaya ya gano har firikwensin da babu su a jeri. Idan ka mayar da tsohon jeri ka ga na'ura ta fara rikicewa, ka share shi ka nema daga farko.

Ka gwada tashoshi na kwance da na tsaye, wato masu alamar H da masu alamar V a jeri, domin risiba tana tura wa LNB bolt 18 ga na kwance, 13 ga na tsaye, kuma idan rabin tashoshi sun ɓace a nan za a fara dubawa. Saboda wannan wuta da ke bin kebul ne ma ba a so a ɗaura ko a kwance wayar dish risiba tana kunne. Ka gwada murya, rikodin, agogo da dukan maɓallan rimot. Idan rimot ya daina aiki bayan sabuntawa, alama ce mai ƙarfi cewa fayil ɗin na wani samfuri ne mai furosesa iri ɗaya, sai a yi amfani da maɓallan goshi a mayar da kwafin asali.

Sabuntawa ta tauraro da ta intanet

Dikodojin kamfanonin tashoshin biya ba sa bin hanyar filash a mafi yawan lokuta. Kamfani yana aiko da manhajar ne ta cikin siginar tauraron kanta, dikoda ta karɓa ta ɗora, sau da yawa cikin dare lokacin da take a yanayin jira. Manhajar tana ɗauke da sa hannun sirri na kamfanin, kuma dikoda ba za ta karɓi wadda ba ta da shi ba. Aikin mai ita a nan kaɗan ne: ya riƙa barinta a jone a yanayin jira lokaci-lokaci maimakon kashe soket kullum, ya tabbatar sigina tana da inganci, kuma idan ya ga saƙon sabuntawa a allo kada ya katse. Dikodar da ta yi watanni a ajiye tana iya ɗaukar lokaci tana sabunta kanta a kunnawar farko.

Risibobi masu tsarin Linux da ake kira Enigma2, irin su Dreambox da Vu+, duniyarsu dabam ce. Ana ɗora musu cikakken tsari da ƙungiyoyi irin su OpenPLi, OpenATV da OpenViX ke fitarwa, kuma ana iya sabunta ƙananan sassa ta intanet daga cikin menu. Idan za a koma babbar siga sabuwa, ya fi kyau a ɗora tsarin daga tushe. A nan, saɓanin ƙananan risibobi, fayilolin suna zuwa cikin folda mai sunan kamfani da samfuri, kuma dole a kwafe ta yadda take. Da yawansu suna ba da damar ajiye tsari fiye da ɗaya a zaɓi wanda za a tashi da shi, wanda ke sa a gwada sabo ba tare da an rabu da tsoho ba.

Idan abin ya ɓaci

Alamomin sanannu ne: jar fitila kawai, ko goshi ya tsaya a kan "boot" ko "ON", ko tambarin kamfani ya fito ya ƙi wucewa, ko ta riƙa tashi tana mutuwa. Kafin komai, idan mai adafta ce, a gwada wata adaftar mai bolt iri ɗaya da nata da ƙarfin da bai gaza nata ba, domin adaftar da ta gaji tana kawo waɗannan alamomi sak, a yi ta zargin sofwaya a banza.

Hanya ta farko ita ce ceto ta filash. Butloda na risibobi da yawa yana neman fayil mai wani suna na musamman a lokacin tashi, misali rom.bin a yawancin masu Sunplus, ko gxrom.bin a masu GX6605S. Ana sa wa fayil mai kyau wannan suna, a sa filash risiba tana kashe, sannan a kunna, wani lokaci ana danne da maɓallin wuta na goshi.

Hanya ta biyu ita ce ta ramin RS-232 da ake haɗa risiba da kwamfuta ta cikinsa, wanda ke zuwa ko dai mai fil tara, ko kamar ramin iyafis, ko fil uku a kan bod. Waya uku ce ke aiki: a mai fil tara, na 2 karɓa, na 3 aikawa, na 5 kuma ƙasa. Yawancin risibobi suna son kebul da aka gicciye na 2 da na 3, wasu kuma miƙaƙƙe. Ana buƙatar shirin loda na wannan furosesa a kwamfuta, wato wanda ke tura fayil zuwa risiba, da abin juya USB zuwa RS-232 idan kwamfutar ba ta da ramin, kuma saurin tura bayanai da aka fi sawa a shirin shi ne 115200. Na taɓa kashe wata ƙaramar risiba da hannuna, saboda na ga sunan samfuri ya yi daidai ban duba lambar bod ba. Layi ya cika, ta mutu, ta bar ni da jar fitila. Na haɗa kebul, na yi ta danna fara a kwamfuta, shiru kake ji, har na fara tunanin butloda ya tafi. Ashe tsarin ne na juya: ana danna fara a kwamfuta tukuna risiba tana kashe, sannan a ba ta wuta, domin butloda yana sauraron ramin ne na ɗan ƙiftawar ido a farkon tashi. Da na yi haka sai lambobi suka fara tafiya a hankali, kuma kwafin da na ajiye tun farko shi na mayar mata.

Hanya ta ƙarshe ita ce rubuta ma'adanar kai tsaye da na'urar rubutu irin CH341A, ko dai da maƙali mai kama ƙafafu takwas ɗin, ko a cire ƙwayar da iska mai zafi. Ana fara karanta abin da ke ciki a adana, a goge, a rubuta cikakken fayil mai girman ƙwayar daidai, a sa na'urar ta tantance. Yawancin waɗannan ƙwayoyi da bolt 3.3 suke aiki, wasu kuma da 1.8, waɗanda ke buƙatar adafta ta musamman in ba haka ba su ƙone. Wanda bai saba riƙe abin narka dalma ba, ya kai wa mai gyara, ya haɗa masa da kwafinsa da hoton shafin bayani.

Game da bibiyar sababbin sigogi kuwa, leƙa shafin kamfani sau biyu ko uku a shekara ya wadatar, sai kuma duk lokacin da wata matsala ta taso. Idan sabuwar siga ta fito, babu laifi a ba ta 'yan makonni, domin kamfanoni kan janye sigar da aka gano tana da aibu su maye gurbinta. A ware folda ɗaya ga kowace risiba, a zuba mata kwafin asali, da kowace sigar da aka taɓa ɗorawa, da jerin tashoshi na baya-bayan nan, da hotunan saitin eriya, da shirin loda na furosesanta tun tana lafiya, domin shafukan kamfanoni kan cire fayilolin tsofaffin samfura bayan an daina ƙera su.